Rumbun da Mai Hoto Ya Liƙe

Bana ma ruwa ya makara. Lokacin da ya kamata a ce gero ya kai gwiwa, har yanzu ƙasa fara fat take. Da la'asar hadari ya taso daga gabas ya yi baƙi ƙirin, mu kwashe shanya, sai iska ta zo ta watse shi. Maza sun fita roƙon ruwa sun dawo shiru. Ni kuwa duk shekarar da sama ta yi irin wannan rowa, gabana faɗuwa yake yi, abinci ya daina shiga, don waccan daminar nake tunawa.

Shekaranjiya ma wasu samari suka zo daga Kano, wai hira suke so da Malam, maigidana, a kan aikin da ya yi shekara da shekaru. Mai Hoto ake ce masa a ƙauyenmu, nan kusa da Kanya Babba. Fim yake ɗauka, amma ba na wasan kwaikwayo ba. Inda ake yaƙi nan yake nufa, ya ɗauko yadda mutane ke gudu da tabarmi a ka, ya bi diddigin wanda ya sayar da bindiga, da ƙasar da ke hura wutar daga nesa. Ina tsakar gida ina jin sa a zaure yana zuba musu labarin iyakoki da sojoji da shugabanni. Tsoho ya samu masu saurare, ranar ko furarsa bai nema ba. Babu wanda ya leƙo ya tambaye ni yadda ake zaman gidan mai irin wannan aiki. To, ni ma na ga nawa yaƙin, kuma a tsakar gidan nan aka yi shi.

Lokacin ina da yara biyu, babban ɗana da ya fara wayo, da Rabi wadda na yaye ba da jimawa ba. Muna zaune da Inna, mahaifiyar Malam. Mahaifinsa ya rasu, don haka shi ne maigida, ko da yake rabin shekara ba ya gida. Ya bar aikin gidan talabijin a Kano ya koma aiki da wasu baƙi masu shirya fim, irin aikin da sai an dawo ake biya. Kakar da ta gabata ba ta yi kyau ba, ruwa ya ɗauke gero na tsaka da fitar da kai. Abin da aka samu Malam ya raba biyu. Kashi ɗaya aka sussuke aka ajiye a ɗakin Inna, shi za mu ci har ruwa ya sauka. Sauran damman, har da iri, ya jera su a rufewa.

Rufewa rumbu ne na ƙasa, dogo, bakinsa a sama, a liƙe shi da laka a kifa masa jinka. A wajenmu maigida ne yake liƙewa da hannunsa, shi ne kuma yake fasawa idan an shiga aikin damina. Mace ko leƙawa ba ta yi. Hali ɗaya ne ake fasa rufewar mutum ba ya nan, wato idan ya mutu za a raba gado. Yau in ka gaya wa 'ya'yan zamani haka dariya za su yi, su da hatsinsu ke cikin buhu a ɗaki mai kwaɗo, kowa da makulli. Mu a lokacin ba abin dariya ba ne.

Da bazara ya tafi, ta iyakar Babura, zuwa wani yaƙi da ake yi can cikin sahara. Ni na ɗinke masa kuɗin sefa a cikin ƙugun wando. Kyamarar tasa a lokacin ta kai girman ɗan akuya, a kafaɗa ake saɓa ta, ga jakar kaset, ga batura. Ya durƙusa ya yi wa Inna sallama, ya ɗaga Rabi sama ta yi dariya, ya ce da ni ruwan farko ma ba zai riga shi dawowa ba. Na ce haka ya ce bara. Ya yi dariya ya ce bana da gaske yake.

Zafin shekarar nan ban taɓa ganin irinsa ba. Tabarma ka shimfiɗa a inuwa, ka kwanta ta ƙona maka baya. Da asuba nake tafiya rijiya, kuma kullum sai mun ƙara wa guga igiya, ruwan da ke fitowa ja ne, sai an bar shi ya kwanta. In na dawo in yi surfe, in yi daka, Inna na zaune a bakin ɗakinta da kwanon awo. Ita ce mai ɗibar hatsi. Da farko kwanon a cike take ba ni har da tozo. Daga baya ta riƙa shafe kansa da tafin hannu. Daga baya kuma sai na ga ta sauya kwanon da ƙarami. Tuwon dare ya koma kunu, ɗumamen safe ya ɓace gaba ɗaya.

Babu waya a lokacin. Rediyo ce kaɗai, ita ma batirinta sai mun shanya a rana yake ɗan motsawa. Da hantsi Inna ta sa a kawo mata ita, ta kara a kunne, ko da yake ba sunan ɗanta za a faɗa ba. In aka ambaci sahara sai ta ɗaga mini hannu in tsayar da taɓarya. An ce an yi artabu, an ce an rufe hanya, an ce an daina barin 'yan jarida su shiga ko su fita. Daga nan batir ya mutu, mu zauna muna kallon juna.

Ranar kasuwar Babura kuwa ita ce ranar tashin hankalina. Fatake 'yan Nijar suna zuwa da labari, mutanenmu su kwaso su kawo mana ɗanye. Wannan makon a ce an ga mota a ƙone a kan hanya, an ce ta masu ɗaukar hoto ce. Wani makon a ce a'a, kama su aka yi. Wani ya rantse ya ga mutum mai kama da Malam a wata tasha yana shan shayi. Na kai ga in na ji ƙarar babur ya tsaya a ƙofar gida, sai in zauna a kan turmi in jira in ji irin sallamar da za a yi. Wallahi na ji tsoro.

Ruwa bai zo ba, Malam bai zo ba. Mutane suka fara binne, wato shuka a busasshiyar ƙasa don ruwa ya tarar da iri a ciki. Namu irin yana cikin rufewa. Baffa Ilu, ƙanin mahaifin Malam, ya zo ya zauna a ƙofar ɗakin Inna, ya gaishe ta, ya yi ta kewaye-kewaye, sannan ya ce yana ganin lalura ta kai a fasa rufewar nan. Ya ce shi zai hau da kansa, in yaron ya dawo shi zai yi masa bayani.

Inna ta ce, "Ilu, gawarsa ka gani?"

Ya ce subhanallahi, ba haka yake nufi ba.

Ta ce, "To ba za a raba gadon ɗana ina zaune ba. Wanda ya liƙe shi zai zo ya fasa."

Baffa Ilu ya kawo mata maganar malamai, cewa babu inda addini ya ce haka, hatsi hatsi ne. Ta ce ta sani, amma ya gaya mata mutum ɗaya a garin nan da aka sauke jinkar rufewarsa yana raye. Ya tashi ya tafi. Washegari ya aiko da iri daga nasa, ɗan kaɗan, wanda bai isa rabin gonar ba.

Kada wanda ya ji wannan ya ɗauka Inna muguwa ce. Rabonta take turo wa yaran ta ce ta ƙoshi, har zanenta ya riƙa zagaya ta sau biyu. Malam ɗan farinta ne, irin wanda saboda kunya ko sunansa ba ta taɓa faɗa ba, sai dai ta ce "wancan" ko "mai tafiye-tafiyen nan". Duk son da ba ta nuna masa a fili ba, a kan rufewar nan ta ɗora shi. A ganinta muddin lakar da ya shafa da hannunsa tana nan, shi ma yana nan.

Da ruwan ya tashi zuwa, da tsakar rana ya zo, da tsawa da iska mai ɗauke zana. Ƙamshin jiƙaƙƙiyar ƙasa ya cika gari, yara suka fita tsirara suna tsalle. Ni ma na tsaya a cikinsa na jiƙe sharkaf, amma abin da ke raina shi ne ruwan farko ya riga Malam zuwa.

Aka shiga noma da ciki ba komai. Baffa Ilu ya haɗa mana gayya, maza suka zo da fartanya suka nome gonar Malam. Gayya kuwa da fura da tuwo ake tarbarta. Ni ruwan tsamiya na jiƙa na kai musu a ƙwarya, na ajiye ina sunkuyar da kai. Babu wanda ya yi ƙorafi, don kowa abin da ya baro a gidansa ke nan. Suna noma suna tsayawa su dafa ƙugu, waƙar noman ma babu mai ƙarfin yi.

Hatsin ɗakin Inna ya ƙare ƙarƙaf. Na sayar da awakina, na sayar da kwanukan jerena, abin da na auno bai yi nisa ba, don hatsi ya yi tsadar da ba a magana. Na je gidanmu a ƙasar Roni, na tarar su ma dusa suke tankaɗewa, na dawo da ɗan ƙulli a bakin zane. Daga nan muka koma ganye. Da sassafe mata mu fita da ƙorai, raɓa na jiƙa mana zane, mu tsinko tafasa da rama da yaɗiya. A dafa, a matse, a barbaɗa gishiri, in an samu ɗan ƙuli ranar an yi sa'a. Babba yana iya rayuwa a kan haka, ciki dai ya yi ta ƙugi, in ka miƙe da sauri ido ya yi duhu. Babban ɗana ma ya jure, yana bin sa'o'insa suna tonon gujiyar daji. Rabi ce cikinta ya ƙi ganye.

Duk abin da na ba ta sai ya fito yadda ya shiga. Gashinta ya yi ja ya yi laushi, ƙafafunta suka kumbura, in na danna da yatsa sai wurin ya lotsa ya ƙi tasowa. Yarinyar da ke bin kaji da gudu ta koma zama wuri ɗaya. Na goya ta zuwa ɗakin shan magani, ma'aikacin ya duba idonta da tafin hannunta, ya ba ni garin da ake jiƙawa don gudawa, sannan ya ce mini a hankali wannan ba ciwon allura ba ne, kunu take bukata mai kauri, safe da rana da yamma. Ya tambaya ko akwai hatsi a gida. Na ce akwai. Ya dube ni, bai gane ba, ni kuma na goya Rabi na fito.

Rufewar nan tana tsakiyar gida, duk inda na juya ita nake gani. In rana ta buɗe bayan ruwa, har ƙamshin gero nake ji yana fitowa ta jikinta. Tsani yana jingine a bayan ɗaki. Na sha tsayawa a gabansa da Rabi a baya, numfashinta na dukan wuyana. Amma abin da Inna ke tsoro ni ma shi nake tsoro. A garin aka raine mu duka. Sai in ga kamar ina ɗaga jinkar nan, can cikin sahara wani zai ɗaga bindiga. In na dubi rufewa in ji tsoro don uban, in na sauko da goyo in ji tsoro don 'yar. Haka na yi ta yini tsakanin biyun, bakina ba ya rabuwa da addu'a.

Na roƙi Inna sau ɗaya. Na durƙusa na kwantar da Rabi a kan cinyarta. Ta shafa kan yarinyar, hawaye na zuba, ta ce in ƙara haƙuri zuwa kasuwa mai zuwa, jikinta na ba ta ɗanta yana hanya. Kasuwa ta ci ta watse, wata ma ta ci.

Sai marka ta kama. Ruwa ba dare ba rana, yayyafi mai sanyi, itace ya jiƙe, katanga ta fara zubewa, tufafi suna warin danshi. Gero a gona ya yi kore shar ya fara ɗaukar ciki, abinci ga shi ana gani amma da saura. A cikin markar nan ne wata safiya Rabi ta daina kuka. A da tana ɗan yin ƙara in ta ga ƙwarya, ranar sai ido kawai. Inna ta shigo ɗakina, abin da ba ta saba ba, ta tsaya a kanta ta daɗe. Sannan ta fita cikin ruwan ba mayafi, ta aika a kira Baffa Ilu.

Da ya zo, sai na ji abin da ban taɓa ji ba tun da aka kawo ni gidan. Inna ta kira sunan ɗanta, sunansa na yanka, ta ce a fasa rufewarsa. Ta koma ɗaki ta ja ƙofa.

Baffa Ilu ya hau tsani ya ture jinka, ya sa dunduniyar fartanya ya fasa lakar. Damman suna nan lafiya lau, ko gara ba ta taɓa ba. Kafin ya sauko na riga na jawo turmi. Amma rufewa doguwa ce, ta fi katanga, duk wanda ya wuce ta hanya ya ga kanta a buɗe. Ban gama surfe ba mata suka fara shigowa da salati, maza suka fara shimfiɗa tabarmi a zaure. Baffa Ilu ya yi ta cewa ba labarin da aka samu, ba wanda ya saurare shi. Inna ta fito ta zauna, ana ce mata ya haƙuri, tana amsawa. Ina daka ina jin ana yi wa mijina addu'ar samun rahama. Wata tsohuwa ma ta matso ta raɗa mini cewa ya kamata in cire 'yan kunne in fara takaba.

Na dama kunun da kauri, na hura ya huce, na ɗora Rabi a cinya. Ta karɓi kaɗan ta haɗiye, na ji daɗin da ban taɓa ji ba. Na ƙara, ta kau da kai. Washegari ta karɓa ta amayar. Muka yi ta fama, ni da Inna, wannan ta riƙe wannan ta ɗura. Kafin markar ta ɗauke Allah ya karɓi abarsa, da hantsi, a bayana, ina tsaye ina tankaɗe. Mutanen da suka zo gaisuwar uban ba su gama watsewa ba suka dawo ta 'yar.

Malam ya dawo ana cin tumu. Da rana tsaka, a ƙafa, ba kyamara ba jaka, ya rame har wuyansa ya yi tsawo. Ashe tsare su aka yi a wani sansani, aka ƙwace kayan aikinsu, sai da aka yi sulhu aka sake su. Yaran da suka fara ganin sa a bakin gari gudu suka yi. Da ya yi sallama a zaure na ji muryar, na gane shi ne. Inna ta fito tana laluben bango, ta shafa fuskarsa da hannu biyu, ta shafa kafaɗunsa.

Ya sha ruwa. Ya jawo babban ɗana ya rungume. Sai ya fara waige-waige, yana duban bayana, yana duban ƙofar ɗaki. Ya ce ina Rabi. Baffa Ilu ne ya gaya masa, da yadda aka yi, bai rage komai ba.

Malam bai yi kuka a lokacin ba. Ya tashi ya ɗauko tsani ya hau rufewa, ya zura hannu. Bai ko sunkuya sosai ba hannunsa ya taɓa dami. Ya daɗe a saman nan. Da ya sauko, ya ce da ni, "Can inda na fito, na ɗauki hoton yara irinta ba iyaka. Su rumbunansu ƙone su aka yi, Hajara. Ƙone su aka yi."

Inna ta ce, "Ni na hana. Kada ka tuhumi kowa."

Ya je ya durƙusa a gabanta kamar yadda ya saba, ya ce Allah ne ya ƙaddara, kwananta ne ya ƙare. Har Inna ta bar duniya bai ƙara tayar mata da maganar ba.

Washegari da safe na ji duka a tsakar gida, na fito da sauri. Malam ne da gatari, yana sarar jikin rufewa daga ƙasa, daidai gwiwa. Laka na zuba, zangarniyar gero na leƙowa. Baffa Ilu ya shigo a guje, maƙwabta suka taru a bakin zaure, ana tambayar ko lafiya, wasu na raɗa cewa abin da ya gani a can ne ya taɓa masa kai. Bai kula kowa ba sai da ya fasa ƙofa mai faɗi. Ya kira babban ɗana ya ce ya sa hannu, yaron ya sa ya zaro zangarniya. Ya ce ni ma in sa, na sa hannuna a gaban mazan garin duka.

Baffa Ilu ya ce, "Haba ɗana, ai ka ɓata rumbu. Ɓeraye da awaki za su cinye maka hatsi."

Malam ya jingine gatarin ya share gumi. Ya ce, "Su ci, Baffa. Duk mai jin yunwa ya ci."